3.4 Miyar Dangwale ta Ganye Wadda Ba ta da Madara

3.4.1 Gabatarwa

Miyar dangwale wani nau'in abinci ne mai kauri da ake zubawa a kwano ɗaya a wajen liyafa, baƙi su riƙa dangwala burodi ko soyayyen dankali ko yankakken karas suna ci. A ƙasar Amurka, inda ta yi fice, akan yi ta da wani ganye dangin alayyafo, a haɗa shi da cuku da kirim mai tsami. A wannan sashe za a yi bayanin yadda ake fitar da madara daga cikinta ba tare da ta rasa armashinta ba.

3.4.2 Dalilan Fitar da Madara

Dalili na farko shi ne sukarin madara, wato laktos. Sinadarin da ke narkar da shi a ƙaramin hanji yakan ragu bayan yaye a jikin kusan kashi biyu cikin uku na mutanen duniya, don haka madara kan jawo wa da yawa daga cikinsu kumburin ciki da gudawa. Na biyu kuwa, akwai waɗanda jikinsu ke ƙin furotin ɗin madara, abin da kan haddasa borin jini da kumburin maƙogwaro, wani lokaci har ya kai ga rasa rai.

3.4.3 Abin da Ke Maye Gurbinta

Madara tana yin aiki uku a cikin wannan miya: tana ba ta maiƙo da kauri da kuma tsami. Ke nan duk wanda ya cire ta, wajibi ne ya nema wa kowane aiki madadinsa. Ƙwallon kashu ko riɗi shi ke kawo maiƙo, dafaffen farin wake ya ƙara kauri, lemon tsami kuma ya kawo tsami. Wannan hikima ba baƙuwa ba ce ga Bahaushe, domin a kanta aka gina kwaɗon zogale da na rama, inda ƙuli-ƙuli ke riƙe ganye.

3.4.4 Yadda Ake Haɗawa

(a) Za a jiƙa kashu kofi 1 a ruwan zafi na minti 30.

(b) Za a wanke ganye giram 250, a tsoma shi a tafasasshen ruwa na minti 1, a tsame, a zuba a ruwan sanyi, sannan a matse shi sosai, domin ruwan da ya rage shi ke tsinka miyar.

(c) Za a markaɗa kashun da dafaffen wake rabin kofi, da tafarnuwa ƙwaya 2, da mai cokali 2, da gishiri, har ya yi sumul.

(d) Za a zuba ganyen a ƙara markaɗawa.

(e) Ruwan lemon tsami cokali 2 shi ne na ƙarshe, dab da kai wa baƙi. Dalili kuwa, tsami da doguwar dahuwa suna fitar da sinadarin maganiziyam daga koren launin ganye, sai ya dafe.

3.4.5 Abubuwan Lura

Fitar da madara bai kawar da haɗari gaba ɗaya ba. Dokar Amurka ta 2004 ta lissafa madara da gyaɗa da dangin kashu cikin abinci 8 da dole a bayyana a jikin kwali, aka kuma ƙara riɗi daga 2023. Saboda haka ya kamata mai liyafa ya sanar da baƙi abin da ke cikin kwano.

Har ila yau, ƙwayoyin cuta suna hayayyafa tsakanin digiri 5 da 60 a ma'aunin Salshiyas. Hukumomin abinci na Amurka sun ƙayyade kada irin wannan abinci ya wuce awa 2 a waje, ko awa 1 idan zafi ya haura digiri 32. Abin da ya fi shi ne a riƙa fito da ita kaɗan-kaɗan daga firiji.

3.4.6 Naɗewa

Daga bayanan da suka gabata, an ga cewa ingancin wannan miya ya dogara ne ga mayar da maiƙo da kauri da tsami, tare da kiyaye lafiyar masu ci.