Zane a Bango: Ado Ne Ko Ɓarna?

Duk wanda ya tsaya a tashar mota a Sabon Birni ko Isa ran kasuwa zai ga manyan motoci sun sha fenti. Wata da hoton zaki, wata da shaho, wata kuma an rubuta mata "Haƙuri maganin zaman duniya". Wannan shi ne zanen kan titi irin namu, wato zanen da kowa ke kallo kyauta.

Abin ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Tun da daɗewa magina a Zariya da Kano da Damagaram suke ƙawata fuskar gida da dagi da sauran zayyana, don mai wucewa ya san darajar maigidan. Amma a lura, maigida ne ke kiran magini, kamar yadda mai mota ke kiran mai fenti. Akwai izini ke nan.

Rigima tana tasowa ne in babu izini. Lokacin zaɓe sai a wayi gari an cika bangon makaranta ko na asibiti da sunayen 'yan takara. Dokar laifuffuka ta Arewa, wadda ta fara aiki a 1960, ta sa ɓata dukiyar wani da gangan cikin laifuffuka, haka kuma ɓata suna. Saboda haka mai zane yana iya samun kansa gaban alƙali, komai kyan hannunsa.

To, shi mai zanen ba shi da hakki ne? Yana da shi. A birnin New York na Amurka a da akwai wani gini da ake kira 5Pointz, wanda mai shi ya yarda a yi ta zane a jikinsa. A 2013 sai ya sa aka shafe zanen da farin fenti cikin dare. A 2018 kotu ta umarce shi ya biya masu zane 21 dala miliyan 6.75, domin wata dokar ƙasar ta 1990 ta kare aikinsu.

Ya ku ɗalibai, mai baiwar zane kada ya binne ta, amma bangon aji da tebur ba allonsa ba ne. Ya nemi izini tukuna, ya zana abin da ba zai ci mutuncin kowa ba, sa'an nan ya sa sunansa a ƙasa ba tare da tsoro ba.