An Soka Na'urar Wi-Fi, Kwamfuta Ta Yi Shiru

Da yawa daga cikinmu a New Bell kwamfuta ta hannu muke saya wa yara a Akwa. In Wi-Fi ɗinta ya mutu, sai mu sayo 'yar na'urar USB, mu soka, shiru. Sau da yawa ba lalacewa ta yi ba. Direbanta ne babu, wato manhajar da ake kira pilote.

Mu buɗe Gestionnaire de périphériques mu duba lambarta. In mun ga VID_0BDA, cikinta ƙirar Realtek ne. Sai mu jona waya da kebul, mu ari intanet ɗin MTN ko Orange, mu sauko da direban daga shafin kamfanin kaɗai. Shafukan bogi ƙwayar cuta suke rabawa, aikin makarantar yaro ya salwanta. Rigakafi ya fi magani.