Shaidar Ganau a Shari'ar Kisan Kai

Mukan ce gani ya kori ji. Gaskiya ne, amma ido ma yakan yi kuskure.

Idan Babbar Kotu ta kama mutum da laifin kisan kai, yana da ikon ɗaukaka ƙara. A Nijeriya sai ya je Kotun Ɗaukaka Ƙara, daga nan sai Kotun Ƙoli. Alƙalan can ba su cika kiran shaidu ba. Sukan karanta abin da aka rubuta, su auna maganar ganau.

Ga abin da suke dubawa. Da rana abin ya faru, ko da dare? Ganau yana kusa, ko nesa? Ya ƙare wa mutumin kallo, ko gilmawarsa kawai ya gani? Dā ma ya san shi? Abin da ya fara gaya wa 'yan sanda, shi ya faɗa a kotu?

Shaida ɗaya mai ƙarfi ya isa. In kuwa akwai shakka mai dalili, sai a soke hukuncin.

Taron shaidu ma yakan yi kuskure. A Amurka, cikin 1985, aka yanke wa Kirk Bloodsworth hukuncin kisa. Mutum biyar suka ce sun gan shi tare da yarinyar da aka kashe. Cikin 1993 awon ƙwayoyin halitta ya nuna ba shi ba ne, aka sake shi.

To, in an kira mu shaida, mu faɗi abin da muka gani kaɗai. Ran mutum yana bakinmu. Kama da wane ba wane ba ne.