Shuka ba ta gudu, amma ba ta rasa makami ba

 Abin da ya sa na ɗauki alƙalami a wannan karo, wata asara ce da ta same mu a ƙungiyarmu bara da kaka. Wata ƴar ƙungiya ta ɗauki bashin jikka 30 a asusu, ta sayi akuya mai ciki, da niyyar in ta haihu ta sayar da ɗan ta biya. Bayan an yanke dawa sai aka yi wani ruwa na ƙarshe, kututturan suka sake tofowa kore shar. Yaronta ya ga ciyawa ta banza, ya kai akuyar da sassafe. Kafin hantsi ya dubi ludayi akuya tana haki, tana tangaɗi, ta faɗi. Ko wuƙa da ƙyar aka samu aka sa mata.

Ranar zubi ta zo tana kuka, tana cewa hannu aka sa mata. Sai tsohuwar cikinmu ta ce: "Ke ɗiyata, bar zargin mutane. Gyauro ta ci. Tun muna yara anka hana mu kai bisashe cikin gyauron dawa." Da na je na tambayi malamin dabbobi na wajenmu, ya ce Inna ta faɗi gaskiya, kuma ya yi mini bayanin dalili.

Ashe dawa tana ƙarama tana ajiye wani sinadari a ganyenta. Muddin ganyen yana nan lafiya, ba ya yin komai. Amma da zarar an tauna shi, sai ya haɗu da wani ruwan da ke ɓoye a wani ɓangaren ganyen, su biyun su haifar da guba mai hana jiki amfani da iskar da aka shaƙa. Shi ya sa akuyar take haki alhali ga iska ko'ina. Gubar ta fi yawa a dawar da ba ta wuce gwiwa ba, da gyauro, da dawar da fari ya buga ta tsaya ba ta girma. In dawa ta girma, ko karan ya bushe sarai, ƙarfin gubar yana raguwa ƙwarai. Dawa ba ta yi haka don mugunta ba. Lokacin da take ƙarama ne kowa ke iya cinye ta, to lokacin ne ta fi buƙatar tsaro.

Wannan ya sa na fara kallon itatuwan da ke kewaye da mu da wani ido. Kaza in ta ga shaho sai ta ruga, akuya in ta ga kura sai ta ba ƙafa iska. Shuka fa? Inda aka shuka ta nan za ta tsaya, fara ta zo, tsutsa ta zo, raƙumi ya zo, cuta ta zo. Allah da ya hana ta ƙafa sai ya ba ta wasu dabarun.

Na farko wanda kowa ya sani shi ne ƙaya. Aduwa, bagaruwa, gawo, magarya, duk da ƙayarsu. Ku lura da ƙaramar aduwa, wadda bakin akuya ke iya kaiwa, yadda take cike da ƙaya. Akwai kuma gashi da ƙaiƙayi a jikin ganye, irin na kuɓewa da kabewa, masu wahalar da ƙananan ƙwari. Hatsi mai gashi a zangarniya ma tsuntsu bai cika son sauka a kansa ba.

Na biyu shi ne ɗaci da yaji da bauri. Baurin bagaruwa da majema ke jeme fata da shi, shi ne ke hana dabba cin ta da yawa. Jar dawa mai bauri tsuntsaye sun fi raga mata a kan fara. Albasa ba ta sa mu hawaye sai mun yanka ta, domin yankan ne ke haɗa ruwanta biyu, kamar yadda tauna ke yi wa ganyen dawa. Barkono kuwa abin mamaki ne: ɓera da akuya da mu mutane muna jin zafinsa, tsuntsu ba ya ji. Tsuntsu ya haɗiye ƴaƴan, ya je ya kasayar da su wani wuri, su tsiro. Wanda zai tauna iri ya lalata shi an kore shi, wanda zai kai shi nesa an bar masa ƙofa.

Na uku shi ne nono da ƙaro. Tumfafiya tana tsaye kore har cikin bazara, lokacin da babu ko tsinke a daji, saboda farin nononta mai guba ne. Ku tsare yara da shi, in ya shiga ido yana ɓata gani. Ƙaron da muke tsinka a jikin dakwara mu sayar, ita itaciyar rufe ciwonta take yi da shi, don kada ruwanta ya tsiyaye ko cuta ta samu hanyar shiga.

A wajen cuta, babbar garkuwar shuka ita ce fatarta. Ɓawon albasa busasshe, musamman ja irin na Galmi, yana ɗauke da abin da ke hana ruɓa kama ta. Don haka kafin a sa albasa a rudu, a bar wuyanta ya bushe, kada a ɓare ta, kada a jefa ta ta ji rauni. Gyaɗa ma haka. Wadda kwasfarta ta fashe, ko tsutsa ta huda, ita ce fumfuna ke shiga, kuma wannan fumfunar tana da guba mai lalata hanta. Mu masu mai da ƙuli-ƙuli, mu tsince irin wannan gyaɗa mu zubar. Kada mu ba yara ita don wai kar a yi asara.

Akwai wata dabarar da ni kaina sai da na ce "Allahu akbar". Masu bincike sun gano cewa masara da auduga, in tsutsa ta fara cin ganyensu, suna fitar da wani ƙamshi da wasu ƙananan ƙwari dangin zanzaro suke ji. Sai su bi ƙamshin su zo su yi ƙwai a jikin tsutsar, ƴaƴansu su cinye ta. Wato shuka tana kiran agaji. Ɗan uwan waɗannan ƙwari ne ma'aikatan INRAN ke kaiwa ƙauyuka cikin ƴan buhuna don su kashe murzunar da ke cin zangarniyar hatsi. In muka yi ta fesa magani mai ƙarfi babu lissafi, da ɓarawon da mai gadin muke kashewa.

To me za mu ɗauka mu kai gida?

Iyayenmu sun riga mu sanin yadda ake kwance wa shuka makaminta. Anza tana da ɗaci mai cutarwa, amma a shekarun yunwa ita ta riƙe gidaje da yawa, domin mata sun san a jiƙa ta kwanaki ana zubar da ruwan ana sake wani har ɗacin ya fita. Rogo mai ɗaci yana da guba irin ta gyauro. Sai an fere shi, an jiƙa, an shanya ko an dafa shi sosai. Wadda ta yi gaggawa a nan, da ran iyalinta take wasa.

Muna kuma iya aron makamin wata shuka mu kare wata. Bedi, wanda wasu ke kira dogon yaro, daga ƙasar Indiya aka kawo shi, yau babu garin da babu shi. Ko fara ba ta son ganyensa. Ƙarfinsa ya fi yawa a cikin ƙwallon ɗiyansa. Ga yadda muke yi a lambunmu na zogale da kabeji: mu tsinto ɗiyan da suka nuna suka faɗo, mu wanke, mu shanya a inuwa. Mu daka rabin kilo, mu zuba a lita 10 na ruwa, ya kwana. Da safe mu tace da ƙyalle, mu sa ɗan sabulu don ya kama ganye. Da marece muke fesawa, domin rana tana kashe ƙarfinsa, kuma sama da ƙasan ganye duka. Mu sake bayan kwana 7. Kada ku jira ku ga tsutsa ta faɗo nan take. Bedi ba ya kisa kamar maganin kanti, hana ta ci yake yi, ya hana ta girma, sai bayan kwana biyu ko uku a ga bambanci. Kuma tun tsutsa tana ƙanana ya fi aiki.

Amma a kula, kasancewar abu daga itace ya fito bai sa ya zama marar haɗari ba. Ruwan taba yana kashe ƙwari, yana kuma shiga ta fatar mai fesawa. Ɗiyan zurma da na bini-da-zugu da zaƙami guba ne ga yaro. Turmin da aka daka bedi a ware shi, kada a koma a daka hura a ciki.

Ita ƴar uwarmu, mun zauna mun shawarta, muka cire mata wani abu daga asusun taimako, muka ƙara mata wata uku a kan lokacin biya. Ta biya cif, yanzu ma tana da wata akuyar. Tun daga nan muka sa doka: duk wadda za ta ɗauki bashin kiwo, sai an karanta mata maganar gyauro a gaban kowa, ita kuma ta je ta faɗa wa yaran da ke yi mata kiwo.

Ina roƙon shugabannin ƙungiyoyi, daga Tawa har Damagaram, ranar zubi mai zuwa ku ba tsofaffinku ɗan lokaci su lissafa muku itatuwan garinku: wanda ake ci, wanda sai an jiƙa, wanda ke kashe dabba, wanda ke korar ƙwari a rumbu. Sakatariya ta rubuta a bayan littafin zubi, ku aiko mu ƙaru da juna. Allah ya tsare mana dukiyarmu, ya ba mu damina mai albarka.