Alƙalin Ɗaukaka Ƙara: Mai Auna Hujja a Shari'ar Kisan Kai

Wanda ya shiga zauren Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke Kano ko Kaduna yana sa ran ganin shaidu suna rantsuwa, zai fita bai ga ko ɗaya ba. Alƙalai uku ne ke zaune, gaban kowannensu tulin takardu. Kayan aikinsu ke nan: kundin shari'ar da aka yi a Babbar Kotu, da rubutacciyar muhawarar lauyoyin ɓangarorin biyu. Tsarin mulkin Najeriya bai yarda a naɗa mutum wannan kujera ba sai ya shekara 12 da zama lauya, a Kotun Ƙoli kuwa sai 15.

Wanda aka yanke wa hukuncin kisa yana da damar ɗaukaka ƙara ba tare da neman izini ba, cikin kwana 90. Daga nan aikin waɗannan alƙalai ke farawa. Ba sa sake shari'ar daga tushe. Tambayarsu ɗaya ce: shin masu gabatar da ƙara sun tabbatar da laifin har ba sauran kokwanto mai ma'ana, kamar yadda sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 ya shar'anta? A Arewa, inda sashe na 221 na dokar Final Kod ya tanadi hukuncin kisa, abu uku suke nema a cikin kundin: mutum ya mutu, aikin wanda ake tuhuma ne ya kashe shi, kuma ya yi shi da niyya ko da sanin cewa rai zai iya salwanta. In ɗaya ya faɗi, hukuncin ya rushe.

Wahalar sana'ar ita ce alƙalin bai ga shaida da idonsa ba. Bai ga inda ya yi in-ina ba, bai ga inda ya sunkuyar da kai ba. Shi ya sa yake girmama alƙalin farko a kan batun wa ya faɗi gaskiya, ba ya taɓa wannan ɓangaren sai ya ga an yi hukunci saɓanin abin da ke rubuce. Amma a takarda ma ƙarya fure take ba ta 'ya'ya. Yakan jera bayanin da shaida ya ba 'yan sanda da wanda ya faɗa a kotu, ya duba rahoton likita, ya bi sawun makamin tun daga inda aka tsince shi. Idan da takardar amsa laifi aka dogara, sai ya binciki yadda aka same ta, domin ikirarin da aka tatsa da duka ba hujja ba ne.

Shari'u biyu sun nuna yadda wannan awo yake. A Janairun 2012 Babbar Kotun Legas ta yanke wa Manjo Hamza Al-Mustapha hukuncin rataya kan kisan Kudirat Abiola na 1996. A Yulin 2013 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta wanke shi, domin manyan shaidun gwamnati, ciki har da Saja Rogers, sun janye maganarsu a gaban kotu, kuma ba a gina hukuncin kisa a kan shaidar da ta ƙaryata kanta. Ita kuwa Maryam Sanda, ba wanda ya ce a gabansa ta kashe mijinta a Abuja a 2017. Duk da haka Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tabbatar da hukuncin da aka yanke mata a 2020, saboda alamomin da suka kewaye lamarin sun haɗu sun nuna mutum ɗaya, kuma bayanin da ta bayar bai gamsar da alƙalai ba.

Jama'a sukan yi gunaguni idan aka saki wanda suka riga suka yanke wa hukunci a zukatansu. Sau da yawa matsalar tun daga bincike take: shaida ya ɓace, ba a kira likita ba, an dogara da ikirari kaɗai. Alƙalin ɗaukaka ƙara ba shi da ikon cike giɓin da masu bincike suka bari. Mai son ganin an hukunta masu kisa, kuma ba a rataye marar laifi ba, sai ya matsa wa hukuma ta gyara aikin bincike tun daga ofishin 'yan sanda.