Gahawa a Tukunya: 'Yar Kurmi Ce, Ba 'Yar Fili Ba

Abin da ke saurin kashe bishiyar gahawa a gida ba ƙishirwa ba ce, rana ce da yawan ban ruwa. Dalilin yana cikin asalinta. Arabika, nau'in da aka fi nomawa a duniya, ta fito ne daga kurmin tsaunukan kudu maso yammacin Habasha, wajajen Kaffa, inda take tsirowa a ƙarƙashin manyan itatuwa, a tudun da ya kai mita 1,000 zuwa 2,000. A can rana ba ta dukanta kai tsaye, ƙasa cike take da ruɓaɓɓen ganye, ruwan sama yana jiƙa ta ya wuce ba ya kwanciya. Ta fi sakewa idan zafi bai wuce digiri 18 zuwa 22 ba. In ya haura 30 ya daɗe, sai girma ya tsaya, ganye ya koma rawaya. Don haka duk dabarar renonta a gida guda ce: a ƙera mata ɗan kurmi a cikin tukunya.

Daga iri ake fara kuskure. Ƙwayar da aka gasa ta mutu, ɗanyar ma in ta yi watanni a ajiye ƙarfinta ya tafi, shi ya sa sayen dashe ya fi sauƙi. Wanda ya samu sabon iri kuma sai haƙuri, domin yakan yi mako shida zuwa takwas kafin ya ɓullo, ya ɗago ƙwayar a kansa, sannan ta buɗe ganye biyu masu faɗi. Tukunyar ƙasa ta fi ta roba, don tana sanyaya saiwa kamar yadda randa ke sanyaya ruwa, amma lallai a huda gindinta. A haɗa ƙasa da rairayi da takin da ya ruɓe sosai. Toka kuwa, da ake yawan barbaɗa wa shuke-shuke, a nisanta ta: gahawa ƙasa mai ɗan tsami take so, toka kuma kashe tsamin take yi, sai ka ga sabon ganye ya koɗe jijiyoyinsa na kore. Kafin ban ruwa a tura yatsa cikin ƙasar; in da danshi a gaɓar farko, a bari sai gobe. Da hunturu, in bakin ganye ya fara bushewa kamar an ƙona, iska ce ta bushe, ba saiwa ba. A kawar da tukunyar daga hanyar iska, a jera ta cikin wasu shuke-shuke, a riƙa yi wa ganyen yayyafi.

Wani zai ce ai a Brazil gonakin gahawa a tsakiyar rana suke. Haka ne, amma a kan tudu suke, saiwarsu ta nutse cikin ƙasa mai sanyi, kuma da taki mai yawa ake biyan kuɗin wannan ranar. Tukunyar da aka ajiye kan siminti ba ta da ko ɗaya daga ciki. Ƙorafin da ya fi nauyi shi ne na zafi. A Najeriya arabika a tsaunin Mambila take yi, wajajen Gembu a jihar Taraba, sai kuma tudun Jos, ba a Kano ko Sakkwato ba, inda bazara ke kai digiri 40. A irin waɗannan garuruwa bishiyar za ta iya rayuwa a inuwar baranda mai samun hasken safe kawai, amma kada a yi mata alkawarin 'ya'ya. Robusta, wani nau'in gahawar, ta fi jure zafi, sai dai ta fi son laima, kuma ba ta haihuwa ita kaɗai, sai da wata bishiyar kusa. Arabika kuwa guda ɗaya ta wadatar da kanta.

Saura masu cewa wahalar ta fi ribar. In kofin sha ake nufi, sun yi gaskiya. Sai shekara uku zuwa huɗu take fure, fari mai ƙamshi, ya kaɗe cikin 'yan kwanaki. 'Ya'yan su ɗauki wata bakwai zuwa tara kafin su yi ja, kowane ɗa ƙwaya biyu. Bishiyar gona ma abin da take bayarwa a shekara bai fi rabin kilo na gasasshiyar gahawa ba, balle ta tukunya. To amma raina gahawar tukunya rashin sanin tarihi ne. A 1706 aka kai wata daga tsibirin Java zuwa lambun tsirrai na Amsterdam, aka rene ta a ɗakin ɗumi. A 1714 aka ba Sarkin Faransa Louis na 14 ɗaya daga cikin 'ya'yanta. Daga Paris kuma wani hafsan sojan ruwa, Gabriel de Clieu, ya ƙetare teku da dashe zuwa tsibirin Martinik a shekarun 1720, daga nan ta bazu cikin tsibiran Karebiyan. Mai renonta a gida yau abin da zai samu ya fi wannan ƙanƙanta, amma tabbatacce ne: ganye mai sheƙi da ba ya kaɗewa duk shekara, muddin yana sauya mata tukunya mafi girma idan saiwa ta leƙo ta hudar gindi, yana datse kanta in ta kai ƙirjinsa don ta yi rassa, yana kuma duba bayan ganye ya goge fararen ƙwarin nan masu kama da auduga da ruwan sabulu kafin su yaɗu.