Daga Landan zuwa Legas: filayen kurket na duniya da darasin da ke cikinsu ga ɗaliban Zauro

Ranar 20 ga Janairun 2025, a birnin Kuching na ƙasar Maleshiya, 'yan matan Najeriya 'yan ƙasa da shekara 19 sun yi abin da ba wanda ya zata. Sun kara da Niyu Zilan a gasar cin kofin duniya ta wasan kurket, suka ci maki 65, abokan karawarsu suka tsaya a 63. Maki biyu kacal ne tsakani, amma labarin ya zaga duniya, domin Niyu Zilan ta daɗe cikin manyan ƙasashen wannan wasa, Najeriya kuwa zuwanta na farko ke nan gasar. Waɗannan 'yan mata sa'o'in yawancin masu karanta wannan shafi ne.

Idan ka tambayi ɗalibi a Zauro ko Ambursa ko Argungu sunan filin wasan Real Madrid ko na Arsenal, kafin ka rufe baki ya ba ka amsa. Tambaye shi filin kurket guda ɗaya a duniya, sai ya yi ta sosa ƙeya. Alhali kuwa bayan ƙwallon ƙafa, da wuya a sami wasan da ya kai kurket yawan masoya, musamman a Indiya da Pakistan da Bangaladesh. A wannan mako za mu leƙa waɗannan filaye mu ga abin da ya sa suka yi suna.

Yadda wasan yake a taƙaice

Ƙungiyoyi biyu ne, kowacce da 'yan wasa 11. A tsakiyar fili akwai wani zirin wuri mai tsawon mita 20 da ɗoriya da faɗin mita uku, a kowane ƙarshensa an kafa sanduna uku. Mai jifa zai rugo da gudu ya wurgo ƙwallo ta doki ƙasa ta nufi sandunan, mai bugu kuma ya tare ta da faifan katako. In ya buga ta yi nisa, shi da abokinsa sai su riƙa musayar wuri da gudu, kowace musaya maki ɗaya. Ƙwallon da ta gangara ta ƙetare iyakar fili maki huɗu ce, wadda ta ƙetare ta sama ba ta taɓa ƙasa ba maki shida. In ƙwallo ta doki sanduna, ko aka cafe ta kafin ta faɗi, mai bugu ya fita.

Jifa shida shi ake kira oba ɗaya. Wasannin ƙasa da ƙasa iri uku ne. Akwai na Test, wanda kan kai kwana biyar. Akwai na yini ɗaya mai oba 50 ga kowane ɓangare. Sai kuma T20 mai oba 20, wanda ake gamawa cikin kamar awa uku. Wannan na ƙarshen shi Najeriya ta fi bugawa.

Filayen da suka yi suna

Na farko shi ne Lord's da ke Landan, wanda Turawa ke ɗauka a matsayin gidan kurket. Ya samo sunansa daga Thomas Lord, mutumin da ya kafa shi, kuma tun 1814 yake a inda yake yau. Abin mamaki, filin ba a miƙe yake ba: ɓangare ɗaya ya fi ɗayan tudu da kimanin mita biyu da rabi, don haka baƙon ɗan wasa sai ya koyi yadda gangaren ke karkatar da ƙwallo. A ɗakunan canza kaya akwai alluna da ake rubuta sunan duk wanda ya ci maki 100, ko ya fitar da mutum biyar a zubi ɗaya, a wasan Test. Sachin Tendulkar na Indiya, wanda ya fi kowa tara maki a tarihin Test, har ya yi ritaya sunansa bai hau allon ba. A Lord's ɗin ne aka buga wasan ƙarshe na kofin duniya na 2019, inda Ingila da Niyu Zilan suka yi kunnen doki, aka ƙara musu oba ɗaiɗai suka sake yin kunnen doki, daga bisani aka ba Ingila kofi saboda ta fi yawan bugun da ya ƙetare iyaka.

Na biyu filin Melbon ne a Ostireliya. A nan aka buga wasan Test na farko a duniya cikin Maris ɗin 1877, Ostireliya ta doke Ingila da maki 45. Yau yana ɗaukar mutum kusan 100,000, kuma ya zama al'ada a fara babban wasa a cikinsa ranar 26 ga Disamba.

Wanda ya fi kowane girma yana birnin Ahmadabad na Indiya, filin Narendra Modi, mai ɗaukar mutum 132,000. A cikinsa ne Ostireliya ta doke Indiya a wasan ƙarshe na kofin duniya ranar 19 ga Nuwamban 2023, a gaban masu masauki, bayan Indiya ta ci dukkan wasanninta goma na baya.

A nahiyarmu akwai Newlands a birnin Kef Tawun na Afirka ta Kudu, wanda ke gindin wani babban dutse mai shimfiɗaɗɗen kai. Akwai kuma filin Gahanga kusa da Kigali, wanda aka buɗe a 2017. Ruwanda ba ta daɗe da sanin kurket ba, amma tun da ta sami filin kirki ƙasashen Afirka ke tururuwa zuwa can, har da ƙungiyar matan Najeriya.

Sirrin yana cikin ƙasa

A ƙwallon ƙafa, in dai ciyawa ta yi kyau, fili fili ne. Kurket ba haka yake ba, domin ƙwallo kan doki ƙasa kafin ta isa ga mai bugu. Zirin tsakiyar nan da laka ake yin sa, a shuka ciyawa, a ba shi ruwa, a aske shi, a yi ta daddaɓe shi da abin nauyi har ya yi tauri. A Ingila, inda ake da laima da ɗanyar ciyawa, ƙwallo kan goce gefe, masu jifa da ƙarfi su ji daɗi. A Indiya ƙasa kan bushe ta yi ƙura, sai masu murza ƙwallo da yatsu su yi ta rikita masu bugu. A wasu filayen Ostireliya ƙasa na da tauri, ƙwallo ta yi tsalle har ƙirji. In wasa ya kai kwana na huɗu ko na biyar, zirin kan tsattsage, bugu ya ƙara wuya. Shi ya sa kyaftin ke tsugunawa ya duba ƙasa kafin ya zaɓi ko ƙungiyarsa za ta fara bugu ko jifa.

Ɗan Zauro ba ya bukatar dogon bayani a kan wannan. Duk wanda ya taɓa bin iyayensa gonar shinkafa a fadamar Rima ya san yadda laka ke riƙe ruwa da damina, da yadda take darewa in rani ya yi tsanani. Aikin mai kula da filin kurket bai rasa kama da na manomi ba: sanin ƙasa, sanin ruwa, sanin lokaci. Ɗalibin da ke son darasin aikin gona ya sani cewa wannan ma sana'a ce da ake ci da ita a duniya.

Ina aka kwana a Najeriya?

Kurket ba baƙo ba ne a ƙasar nan. Tun 1904 Legas ta kara da Gwal Kos, wato Gana ta yau. A 2002 Najeriya ta zama mamba mai cin gashin kanta a hukumar kurket ta duniya, ICC. Daga 2019 kuma hukumar ta amince cewa duk wasan T20 na maza tsakanin mambobinta cikakken wasan ƙasa da ƙasa ne, kamar yadda ta yi wa na mata tun 2018. Wannan mataki ya sa filin da ke Dandalin Tafawa Ɓalewa a Legas, da filayen da ke harabar babban filin wasa na Moshood Abiola a Abuja, suka shiga jerin filayen da ake lissafawa a duniya.

Sakamako ya fara fitowa. Samarinmu 'yan ƙasa da 19 sun je kofin duniya a Afirka ta Kudu a 2020. Matanmu sun ci tagulla a wasannin Afirka da aka yi a Akara cikin Maris ɗin 2024. A Nuwamban wannan shekarar, a nan gida, Najeriya ta ci Kwaddibuwa maki 271, sannan ta fitar da dukkan 'yan wasanta da maki 7 kacal, mafi ƙaranci da aka taɓa gani a wasan T20 na maza tsakanin ƙasashe.

Arewa ma tana da nata tarihin. A Kwalejin Katsina, wadda ta zama Barewa ta Zariya, ɗalibai sun buga kurket, cikinsu har da Sardauna Ahmadu Bello. Shi ma wasan fayif, wanda ake buga ƙwallo da tafin hannu a jikin bango, wani malami Bature mai suna Hogben, da ya koyar a Katsina da Birnin Kebbi, shi ya kawo shi cikin shekarun 1920, kuma har yau ana buga shi a Arewa. Wannan ya nuna cewa wasa in ya sami wurin yi da masu riƙe shi, yakan zauna.

Me ya rage mana?

A 2028 kurket zai koma gasar Olamfik a birnin Los Anjalis na Amurka, karon farko tun 1900. Ƙasashe sun fara neman matasa, kuma a makarantun sakandare ake samo su. In har filaye da kayan wasa suka tsaya a Legas da Abuja da wasu 'yan birane, to ɗan Kabi ba zai shiga lissafi ba, ko da ya fi kowa saurin hannu da kaifin ido.

Farawa ba sai da miliyoyi ba. Yaran Pakistan da yawa da ƙwallon tanis da aka naɗe da salatif suke koyo a lungu. Kafinta zai iya fafe faifan bugu, sanduna shida kuma ba su gagari kowa ba. Abin da ba a saye a kasuwa shi ne fili. Makarantar da ta bari aka cinye filin wasanta da gini ko shaguna ta rufe wa ɗalibanta ƙofa, ba ta kurket kaɗai ba, har ta gudu da ƙwallon ƙafa. Saboda haka ku haɗa kanku, maza da mata, ku sami malamin wasanni, ku roƙe shi ya tuntuɓi hukumar wasanni ta jiha ko Hukumar Kurket ta Najeriya a kan horo da kayan aiki. Ku kuma riƙe karatunku da kyau, don ƙidayar maki kanta lissafi ce.

Argungu ta yi suna a duniya saboda Matan Fada, wurin da aka tsare aka riƙa taruwa a cikinsa tun 1934. Lord's ma haka ya fara: fili ne kawai da wasu suka kula da shi shekara da shekaru. Sannu ba ta hana zuwa. Filin makarantarku shi ne wurin farawa, sai ku kare shi, ku kuma yi amfani da shi.